Shafin da Ka Ninke

Yaya Sani,

Assalamu alaikum. Ina gajiya, ya aiki, ya iyali? Mu nan Daura lafiya lau, sai kewarka.

Ranar Juma'a Inna ta ciro littafinka daga akwatin zannuwanta, wanda ke magana kan nauyin furuci da zaɓin hanya. Shekara shida tana ɓoyonsa, ita da ba ta yi boko ba. Ta sa na karanta mata shafin da ka ninke. Da na gama, ta ce, "Rubuta masa. Cewar da na yi in ya tafi kada ya dawo, na janye."

Har ta sa an share ɗakinka.

Ka sa mu a addu'a. A gaida Anti Rabi da yaran da Inna ba ta taɓa gani ba.

Ƙanwarka,
Hadiza