Gwiwar Kocin Nankling

Yaya Jumai,

Gaisuwa mai yawa. Yaya jikin Mama? Mu nan Bronx a Amurka lafiya lau, kaina ne kawai ya kulle.

Rufino, kocin 'yata Nankling, ɗan Sifaniya ne. Shekara sha biyu ya yi yana buga wa kulob-kulob na ƙasarsu ƙwallo kafin gwiwarsa ta lalace. Yanzu da sanda yake tafiya. Shi ne ya samo mata kulob a can, wai ta ajiye jami'a ta tafi.

Na ce masa, "Kai ka taɓa nadama?"

Ya ce, "Kullum. Amma ka bar ta ta je."

Yaya, ban gane ba. Litinin suke jiran amsata, ita kuwa har ta ɗauko akwati. Ki ce mini wani abu. Allah ya kiyaye ku.

Ƙaninki,
Chollom