Maganata Ce a Littafin, Wata Ake Tafa wa

Anti Vernice, ki taimake ni da shawara kafin bakina ya jawo mini abin da zan yi da-na-sani.

Shekara ashirin da biyu ina dafa wa yara abinci a makarantar gwamnati ta unguwarmu a nan Detroit, har aka rufe ta aka miƙa ginin ga wani kamfani ya buɗe tasa makarantar. Wai yara sun yi kaɗan. Ko ma mene ne, unguwannin baƙaƙen fata irin tamu aka fi bi da kwaɗo. Bayan nan wata malamar jami'a, Shanice Oglesby, ta zo tana bincike a kan rufe makarantu. Ta zauna a falona, na buɗe baki kamar famfo. Har na gaya mata yadda sabuwar makarantar ke lallaɓa iyayen yaran da ba su da ƙoƙari su kwashe 'ya'yansu kafin jarrabawa don kada su ɓata mata sakamako. A ina na ji? Wajen 'yata Rochelle, sakatariya ce a ofishinsu, kuma ita ke riƙe da jikokina uku. Ba ta san na faɗa ba.

Shekara biyu ina tsoron kada a gane a kori Rochelle daga aiki. Watan jiya littafin da Shanice ta rubuta ya fito, na karanta. Anti, yarinyar nan 'yar halak ce! Ta sauya mini suna, ta mai da ni mai tsallakar da yara titi, babu Rochelle ko kaɗan. Na yi kukan daɗi, na ci abinci har da ƙari.

To ga inda gizo ke saƙar. Mai tsallakar da yara ta gaskiya ita ce Loretta ta cocinmu, sai kowa ya ɗauka ita ce. Ita kuma ba ta ce e ba, ba ta ce a'a ba, sai murmushi. Matar da ko sau ɗaya ba ta fito zanga-zangar hana rufe makarantarmu ba lokacin da muke tsaye cikin ƙanƙara! Fasto ya yabe ta a gaban jama'a, yanzu ɗalibai sun gayyace ta ta yi jawabi. Haushi kamar ya kashe ni. In tona?

Tsohuwar Mai Girki

Mama Mai Girki,

Da farko ina taya ki murna. Abin da kika yi shekara biyu kina roƙo Allah ya ba ki, aikin Rochelle na nan.

Haushinki kuma yana kan hanya, ke kika sha sanyi wata na shan tafi. Amma ranar da kika miƙe a coci kika ce ke ce, tambayar da za ta biyo baya ita ce a ina kika samu labarin, kuma duk unguwa an san inda 'yarki ke aiki. Don haka ki kame bakinki.

Jawabin nan dai kada a bari ya yiwu. Idan Loretta ta hau mumbari ta fara ƙirƙira, masu neman ƙaryata littafin sun samu ƙofa. Ki kira Shanice ki sanar da ita, ta san yadda za ta dakatar da shi ba tare da ta nuna kowa da yatsa ba. Loretta ma ki ɗan tausaya mata, ba ta san nauyin abin da ta ɗauka ba.

Sai abin da kika ratsa ta gefensa a wasiƙarki. Kin ɗauki amanar 'yarki kin ba wata ba da saninta ba. An yi sa'a an dace da mutuniyar kirki, amma Rochelle tana zuwa ofishin nan kullum ba ta san ramin da ke gabanta ba. Ki zaunar da ita makon nan ki gaya mata da bakinki, ki nemi gafararta. Za ta yi fushi, ki jure. Ita kaɗai ce ya wajaba ta san ke ce.

Allah ya ƙara rufa asiri, ya raya jikoki.

Anti Vernice