Ina Aka Kai Kaset-kaset ɗin Babana?

Zuwa ga Manajan gidan rediyon da mahaifina ya yi wa aiki,

Assalamu alaikum. Ranka ya daɗe, ina gaishe ka da aiki, kai da ma'aikatanka.

Sunana Saude, ina zaune a Yalwawa. Ba ka san ni ba, amma tsofaffin ma'aikatanka sun san mahaifina, wanda ya daɗe yana gabatar da shirin sharhin finafinai a tasharku. Ɗan malamai ne daga Aujara, kuma kakana har ya rasu bai so wannan aiki ba. Ban da sharhi, Baba ya yi ta yawon ƙauyuka a kan babur da rikodarsa, har Miga, yana tambayar tsofaffi yadda suka fara ganin majigi: wa ya kawo shi, a bangon wa aka haska, me liman ya ce washegari. Yawancinsu yanzu sun kwanta dama.

Bara ya sami shanyewar ɓarin jiki. Yana ji, yana ganewa, amma magana ta ɗauke. Wannan ne ya kai ni ofishinku neman kaset-kaset ɗin shirin, ga kuma abin da ya ɗaure mini kai.

Na ɗaya, na je sau uku, na dawo da amsa uku. Mai kula da ɗakin ajiya ya ce gara ta cinye su. Wata ma'aikaciya ta ce tuni aka naɗi tallace-tallace a kansu. Wani dattijo kuma ya ja ni gefe ya ce suna nan cikin kwali a wani ɗaki, wani da ya yi ritaya ne ya tafi da makullin. Wacce ce gaskiya? Ba faɗa nake nema ba, sani nake so in yi.

Na biyu, makon jiya na ji wani sabon shirinku ya saka muryar wata tsohuwar Miga, tana ba da labarin yadda ta ruga da gudu da ta ga jirgin ƙasa a jikin bango. Baba na kwance, sai ya ɗaga hannunsa mai lafiya yana nuna rediyon, yana bugun ƙirjinsa. Shi ya naɗe ta. An yanke tambayoyinsa, ba a ambaci sunansa ba. To, in gara ta cinye komai, daga ina wannan ta fito?

Roƙona shi ne a buɗe ɗakin nan a gabana, ko da fasa kwaɗo ne. Abin da ya tsira a juye shi, ku ajiye naku, ku ba mu namu. In kuma za a sake saka wata hira, a faɗi wanda ya yi ta. Baba ba zai iya zuwa ya tambaya da bakinsa ba, kuma ƙaramar 'yata ba ta taɓa jin muryar kakanta ba.

Allah Ya yi maka jagora, Ya sa ka gama lafiya.

Wassalam.

Saude,
Yalwawa, Dutse.