Tsohon Fim Ɗin Japan a Sparkhill

Lahadi da dare, Moss Side

Yanzu na dawo daga Birmingham a gajiye. Yau na nuna wa matanmu na unguwar Sparkhill da ke can tsohon fim ɗin Japan marar sauti da nake bincike a kansa, labarin wata bazawara da ta sayar da tufafinta don ɗanta ya yi karatu. Na tsaya gefe ina fassara musu rubutun da ke fitowa a fim ɗin da Hausa, ko tari babu wadda ta yi. Da aka gama, Gwaggo Hajara ta riƙe hannuna tana share hawaye, ta ce, "'Yar nan, haka kakarki ta yi mana a Funtuwa." Ban taɓa jin wannan labarin ba, kuma aikina ne ya sa aka faɗe shi.