Mahaukata Biyu a Ƙarƙashin Rumfa

Zuwa ga Yaya Badamasi,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kana lafiya, kai da Yaya Rahma da yara, da zaman Fatakwal. Allah Ya ƙara lafiya da rufin asiri. Mu nan Safana kalau muke. Gero ya yi kyau a gonar Tsaskiya, ƙafar Inna kuma ta yi sauƙi har tana zuwa unguwa.

Yaya, albishirinka. Na ci lissafi. Ka san shi kaɗai ya tare mini hanyar shiga kwalejin horon malamai, kuma na riga na ce in na faɗi wannan karon zan haƙura, don mai shekara arba'in ba ta da bakin sake roƙo. Da muka je Batsari duba sakamako na ga kiredit, sai da na sa mai shagon intanet ɗin ya sake duba sunan, ko wata Hansatun ce.

Abin da ya fi wahalar da ni shi ne lambobin da ke ƙarƙashin alamar sikwaya rut, wadda muke kira rumfa a gida. 'Yata Nazifa, da ta zama malamata, ta ce lamba iri biyu ce: wadda za a iya rubutawa cikakkiyar lamba bisa cikakkiyar lamba, da wadda ba ta rubutuwa haka, tana ta tafiya bayan ɗigo ba tsayawa ba maimaici. Da na duba ma'anar sunayensu na Turanci sai na raɗa musu masu hankali da mahaukata. Daga nan na ɗauka duk wadda ta shiga rumfa mahaukaciya ce. Nazifa ta yi ta dariya, ta ce tara a rumfa ai uku ce, lafiyarta lau. Biyu ce a rumfa ba ta da magani. Ta ce in riƙa sauƙaƙa lissafin tukuna kafin in yanke hukunci, don ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare.

Ranar da ta nuna mini √2 sau √8 ya zama √16, wato huɗu cif, na kasa yarda. Na sake yi a littafin da nake rubuta al'amuran yini, huɗun dai ce. Na ce yaya mahaukata biyu za su haifi mai hankali? Babansu yana alwala a tsakar gida, ya ce ai ba abin mamaki ba ne, ni da shi ma mun haifi Nazifa.

A jarrabawa sai ga √3 sau √12. Har na kai fensir kan mahaukaciya, maganar babansu ta faɗo mini, na tsaya na ninka, na samu √36, shida. Dariya ta kuɓuce mini har mai sa ido ta harare ni.

Ka gaida Yaya Rahma, Musaddiq da Sadiqa. Inna da Kawu Ya'u na Yasore suna gaishe ka. Babansu ya ce in gaya maka rabin kiredit ɗin nasa ne, ban kuma musa ba.

Ƙanwarka,
Hansatu