An Feɗe Kujerar Baba

Zuwa ga ƙanwata Auta,

Assalamu alaikum. Ina fata takardar nan ta iske ki lafiya, ke da maigidanki Injiniya da 'yarmu Takwara. Allah Ya ƙara mata sauƙin numfashi, ku kuma Ya ba ku ladan jinya. Mu nan alhamdu lillahi. Gwiwar Inna tana nan da halinta, ranar da za a je asibiti ne kawai take warkewa. Matata, Antinki, lafiya lau. Ɗana Dogo ya gama jarrabawa, ya koma sana'arsa ta buɗe firij yana rufewa. Ni kuma ina nan ina koya wa 'ya'yan mutane tarihi suna gyangyaɗi.

Na ga saƙonki cewa ko a wannan hutun ba lallai ku zo ba, saboda ƙirjin Takwara. Ban manta zuwanku na ƙarshe ba: yarinya ta wayi gari idanu a kumbure, atishawa ba ƙaƙƙautawa, ƙirji yana fito kamar buta a kan wuta, kuka koma otal, daga can kuka wuce. Tun ranar Inna ba ta ƙara taɓa jikar da aka sa wa sunanta ba, sai dai ta shafa gilashin waya. Na so in yi fushi in ce kin yi nisa har gidan da ya raine ki ya fara yi miki ƙaiƙayi, sai na tuna ana kallona a matsayin mai karatu, na je na karanta.

Ashe wasu ƙwari ne da ido ba ya gani, masu zama a ƙurar katifa da matashi da kafet, masu son ɗumi da laima. Ba sa cizo, kashinsu ne ke toshe wa yarinya ƙirji. Abincinsu kuwa ɓurɓushin fatar da ke zuba daga jikin mutum. Kin ga ke nan wani kaso na ƙurar gidan nan mu ne da kanmu, Takwara danginta ne jikinta ya ƙi. Da na yi wa Inna bayani, cewa ta yi ita da take shara tun ban san hannun damana ba, ba za a zo da littafi a ce mata ƙazama ba. Na nuna mata hoton ƙwaron da aka ƙara wa girma. Ta daɗe tana kallo, sannan ta ce ya yi kama da mai kantin nan da ya riƙa zuwa neman aurenki.

Daga nan aka shiga yaƙi. An naɗe kafet ɗin falo, aka gano tayil ɗin da duk mun manta launinsa. Labulaye masu kauri sun sauka. An sallami tsintsiya daga aiki, don tayar da ƙura kawai take yi, yanzu sai tsumma mai danshi. Zanen gado duk mako ruwa mai zafin gaske, sannan rana. Katifa da matasan ɗakinki an sa musu riga mai zif, tagogi a buɗe don iska ta kori laima. Littattafaina, da Antinki ta daɗe tana neman laifinsu, an yanke musu ɗaurin rai da rai a kabad mai gilashi, ina kai musu ziyara da yamma. Zomon ƙyallen da Takwara ta manta ya kwana a firiza cikin leda, don sanyi na kashe ƙwarin, kafin a wanke shi. Dogo ya buɗe neman abin taɓawa, suka haɗa ido.

Saura kujerar Baba. Kin san ta: yadi ruwan ƙasa, hannun dama ya koɗe inda yake ɗora kofinsa, na hagu inda kike ɗarewa kina karanta masa jarida kina tsallake kalmomi masu wuya, shi kuma yana yi kamar bai lura ba. Ramin da zamansa ya yi a kushin yana nan. Duk gidan babu inda ƙwarin suka samu gari kamar cikinta, kuma tana tsakiyar falon da yarinya za ta yini. Inna ta ce sai dai a fitar da ita kanta daga gidan tukuna, sannan a fitar da kujerar. Ban ja da ita ba, Auta. Karatun da na yi ne ya ɗaure ni, don na gane abin da ya rage na jikin Baba a gidan nan yana cikin audugar nan. Sau da yawa nakan tsaya da tsumma a hannu, in kalle ta in wuce. Har na fara shirya yadda zan ce miki ku sauka a otal, mu riƙa kai muku ziyara kamar baƙi.

Sai ranar da kika kira ta bidiyo. Wataƙila ba ki lura ba, Takwara ta gaida Inna da ladabin da ake yi wa malamar makaranta, sannan ta juya ta tambaye ki a hankali ko wace kakar ce wannan. Inna ta yi dariya har aka kashe waya. Washegari ta aiki Dogo ya kira mai gyaran kujeru. Ta ce wa mutumin ya feɗe kujerar, ya zubar da yadi da auduga, ya bar katakon, ya rufe da fatar da ake gogewa. Na tambaye ta ko ta tabbata. Ta ce kujera ba ta taɓa ce mata Kaka ba, kuma da mai ita yana raye da shi zai fara jefar da ita waje ya zauna a ƙasa. Amma lokacin da ake fitar da ita, ɗaki ta shige ta ja ƙofa.

An dawo da kujerar jiya, sumul, tana sheƙi kamar ta ofishin manaja. Inna ta zauna, ta gyara zama, ta sake gyarawa, ta miƙe ta ce kujerar ba ta gane ta ba. Har yanzu babu wanda ya ƙara zama a kai.

Ban ce mun kashe ƙwarin duka ba, littafin ma bai yi wannan alkawarin ba. Ki karanta wa likitanta abin da muka yi, ki taho da abin shaƙarta da magungunanta, in akwai abin da ya rage ki faɗa, ko fentin bango ne zan kankare. Gidan ya yi tsaf har muryata tana dawo mini in na yi sallama, kuma ba na jin daɗin amsar.

Inna tana gaishe ki, ta ce a faɗa wa takwararta ita ce kakar nan mai zomo. Antinki da Dogo suna gaisuwa. Ki gaida Injiniya, ki ce masa akwai taga ɗaya da ta ƙi buɗuwa tana jiran iliminsa. Ku zo, Auta. Kujerar nan tana bukatar wanda zai yi mata sabon rami, gidan kuma yana bukatar sabuwar ƙura. Ku dai ku zubar, ni zan bi da tsumma.

Yayanki mai kewarki,
Shugaban masu goge-goge na gidan Inna