A Ɗaukaka Ƙara, Inna Ta Koyi Faɗin Sunansa

Zuwa ga Mai Girma Lauyan Gwamnati da shari'ar ƙanwata ke hannunsa,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya, kai da iyali. Ni ce Malama Rabi, tsohuwar malamar firamare a Rano, yayar Hadiza. Na yi ta sintiri zuwa ofishinka ana ce mini ka fita, shi ya sa na biyo ta jarida, ko a nan zan same ka zaune.

Don tuni: Hadiza mijinta ya rasu, tana ɗinki tana riƙe 'ya'yanta. Wani Sabi'u, dillalin babura daga wajen Kibiya, ya nemi aurenta. Magabatansa suka kawo goron gaisuwa, aka sa rana bayan girbi. Ya kira ta ta auna tagogin ɗakin da za ta zauna don ɗinkin labule, ya kulle ƙofa, ya yi mata fin ƙarfi. Kotu ta sallame shi. Ga abin da ya hana ni barci.

Na ɗaya, da safe lauyansa ya ce Sabi'u bai taɓa sanin Hadiza ba. Bayan azahar ya ce ai da yardarta. Na koyar da yara shekaru masu yawa, ko ɗan aji biyu ya san ƙarya ɗaya ake zaɓa a riƙe.

Na biyu, sa rana ba ɗaurin aure ba ne, kuma matar da ta yarda ta auna taga, taga ta yarda ta auna. Na karanta fiƙihu daidai gwargwado, na ari littafin dokokinku na Turanci na duba, ban ga inda goro ya zama izini ba.

Na uku, batun babur. Tun da ya fara neman aure, in ya zo ƙofar gidanmu sai ya kashe babur ya sauka ya tura, kai a sunkuye, saboda kunyar suruka. Duk unguwa ta gani. A kotu ya ce fulogi ne ke ba shi matsala. Ranka ya daɗe, mai sayar da babura, a ce fuloginsa bai taɓa mutuwa a ƙauyukan Durba ko Fammar ba sai a ƙofar Inna? Aka rubuta, aka karɓa.

Na huɗu, shi ne ya kashe mu. Mahaifiyarmu, Inna, ita ta karɓi goron, ita kuma ta ga Hadiza ta dawo da yagaggen mayafi. Da aka ce ta faɗi sunan wanda ake tuhuma ta nuna shi, sai ta ja lulluɓi ta juya wa akwatin da yake tsaye a ciki baya, ta ce yaron nan dai. Aka matsa, ta ce yaron nan na wajen su Alhaji. Tsohuwa ce da har yau ba ta faɗin sunan ɗanta na fari, balle na wanda ta taɓa ɗauka suruki. Sai aka rubuta wai shaida ta kasa gane shi. Duk wanda aka haifa a ƙasar nan ya san mace ba ta juya wa baƙo baya haka. Kunyar nan ita ce shaidar alkawarin, aka karanta ta a juye.

Yanzu Sabi'u yana yawo da sabon babur, har an ce zai tsaya kansila, tunda ya ƙware a alkawari. Hadiza kuwa masu kawo ɗinki sun janye, 'yarta ta daina zuwa islamiyya saboda gorin yara.

Roƙona, ka ɗaukaka ƙara kafin wa'adi ya cika, ka nemi a sake sauraron shari'ar daga farko. Kada ka ji tsoron shaidarmu. Na sayo wa Inna bunsuru na raɗa masa suna Sabi'u. Da farko yaron nan take ce masa. Da ya cinye mata shanyar kuɓewa, har masallacin unguwa sai da aka ji sunan. Yanzu kullum tana faɗa, tana nunawa da yatsa, wani lokacin da muciya.

Allah ya ƙara maka lafiya, ya ba ka ikon tsayawa kan gaskiya, ya sa a riƙa samun ka a ofis.

Wassalam.

Malama Rabi, Rano